Nazarin lamari: yini ɗaya a fiyod ɗin Norwe ba tare da ɗan jagora ba

Asalin lamarin

Wadda wannan nazari ya shafa ɗaliba ce mai karatun digiri na uku a Bergen, birnin da ke gaɓar yammacin Norwe. Mahaifinta ya kawo mata ziyara a watan Yuli. Dattijo ne da ya haura saba'in, tsohon ma'aikacin reluwe a sashen gyaran layi, kuma gwiwarsa ta hagu ba ta jure doguwar tsayuwa ko hawan matakala. Tun kafin ya baro gida ya ji labarin layin dogon Flåm, ya ce in dai ƙafarsa ta taka ƙasar sai ya hau jirgin nan. Ita kuwa so take ya ga fiyod, wato kwarin da ƙanƙara ta rarake tsakanin duwatsu tun zamanin da, daga baya teku ya shigo ya cika shi. Sun yi shawara a kan abu uku: a je a dawo a yini ɗaya, don kwanan otal a can ya fi ƙarfin aljihun ɗaliba, ba za a ɗauki ɗan jagora ba, kuma ba za a wahalar da gwiwar ba.

Hanyar da aka saba bi zagaye ce mai gaɓa biyar. Daga Bergen zuwa Myrdal jirgin ƙasa ne, kimanin awa biyu, a kan layin da ya haɗa Bergen da Oslo tun 1909. Daga Myrdal, mai tsayin mita 866 daga saman teku, ƙaramin layin Flåm ke gangarowa kilomita 20 har bakin ruwa, cikin kusan awa ɗaya. Daga Flåm jirgin ruwa ke ɗaukar mutum awa biyu ta fiyod biyu, Aurlandsfjord da Nærøyfjord, zuwa Gudvangen. Daga nan sai bas zuwa Voss, kimanin awa ɗaya, sannan jirgin ƙasa ya mai da mutum Bergen cikin awa ɗaya da kwata. Ana iya bin zagayen ta kowace fuska. Kamfanin Fjord Tours na sayar da shi a dunƙule da sunan Norway in a Nutshell, amma ko a nan ba wanda zai raka ka. Tikitoci ne aka jera maka bisa lokaci, kai ne za ka kai kanka daga wannan abin hawa zuwa wancan. Jiragen da bas ɗin kuma ba hannu ɗaya ke tafiyar da su ba.

Asabar ta farko a Yuli: gwajin farko

Ɗalibar ta saba hawa jirgin Bergen zuwa Voss ba tare da wani shiri ba, ta sayi tikiti a waya tana tsaye a tasha. Haka ta ɗauki wannan tafiyar ma. Daren Juma'a ta sayi tikiti biyu zuwa Myrdal, ta bar sauran sai an isa. A Bergen da safe rana ta fito, don haka dattijon ya sa kaftani da 'yar jaket mara nauyi, da takalmin fata.

Sun isa Myrdal kafin ƙarfe goma sha ɗaya. Jirgin Flåm na tsaye a ɗaya gefen dandamalin, amma da ta duba waya sai ta ga babu gurbi a cikinsa, babu kuma a wanda ke bi masa. Dalilin yana can ƙasa. Flåm ƙauye ne da mazaunansa ba su wuce 'yan ɗaruruwa ba, amma a lokacin zafi manyan jiragen ruwan 'yan yawon buɗe ido na tsayawa a can, wani ɗauke da dubban mutane. Da yawansu sun sayi tikitin hawa da sauka tun kafin jirginsu ya iso. Suna hawowa Myrdal da safe, ba sa ko fita daga taragon, su koma ƙasa a kujerun da suka zo a kai. Wanda ya zo daga Bergen ba tikiti a hannu sai ya jira ragowa.

Myrdal ba gari ba ne. Tasha ce a kan dutse, da 'yan gidaje da ɗan wurin shan shayi, kuma babu titin mota da ya kai can. Wanda ya maƙale a nan ba tasi, ba bas. Ko dai ya jira jirgi, ko ya gangara da ƙafa ko keke ta tsohuwar hanyar ma'aikatan da suka gina layin, mai kwana 21 a jere a gangaren farko, wadda ba a ma kawo zancenta ba saboda gwiwar. Iska tana ƙara sanyi da kusan digiri ɗaya a kowane hawan mita 150, don haka Myrdal kan fi bakin ruwa sanyi da digiri biyar ko shida, ga iska ga yayyafi. Ɗakin jira ya cika. Sun yi sama da awa biyu suna shiga suna fita.

Sun samu gurbi a jirgin bayan azahar. Su ne kusan na ƙarshen shiga, kujerun kuma ba lamba gare su ba, duk wanda ya riga ya zauna. Dattijon ya samu ta gefen hanya, nesa da taga. Hazo ya sauko, tagogin sun yi gumi saboda jiƙaƙƙun riguna. Abin da ya zo gani ya wuce shi yana leƙe ta kafaɗar wasu.

A Flåm jirgin ruwan tsakar rana ya daɗe da tafiya. Akwai na yamma, amma da ta lissafa bas da jirgin ƙasan da za su biyo baya, sai ta ga ba za su isa gida ba sai dare ya raba, dattijon kuwa ya fara rawar ɗari. Suka hau bas zuwa Voss. Titin E16 daga Flåm zuwa Gudvangen ta cikin dutse yake bi, rami mai kilomita 5 sannan wani mai kilomita 11.4. Tazarar da jirgin ruwa ke yi a awa biyu bas ya yi ta a minti ashirin cikin duhu, ba su ga ko ɗigon Nærøyfjord ba. Washegari dattijon ya tashi da mura.

Makon da ya biyo baya: gwaji a kan takarda

Da murar ta lafa, shi ne ya sake tayar da maganar. Ya ce, "Uwata, jirgin nan fa ban hau shi ba, ɗauka ta kawai ya yi." Ta ce, "To Baba, a ba ni mako guda in zauna a kansa."

Ta fara da tunanin jirgin ruwa mai sauri da ke tashi daga Bergen kai tsaye zuwa Flåm a watannin zafi. Yana bi ta Sognefjord, fiyod mafi tsawo a ƙasar, kilomita 205, mai zurfin da ya haura mita 1,300. Sauyin abin hawa ya ragu, amma zaman awa biyar da rabi ne, kuma ba ya shiga Nærøyfjord, wanda shi ne UNESCO ta sa cikin wuraren tarihi na duniya a 2005 tare da Geirangerfjord. Ta ajiye wannan gefe. Hayar mota ba ta ɗauki lokaci ba ita ma: mota ba ta zuwa Myrdal, kuma duk inda aka ajiye ta sai an dawo an ɗauka, zagayen ya lalace.

Sai ta buɗe manhajar Entur, wadda ke haɗa jadawalin jirage da bas na ƙasar baki ɗaya, ta shiga gina ranar daga safiya: jirgin Bergen, sannan abin da ya bi shi, sannan na gaba. Komai ya jeru har ta zo gaɓa ta ƙarshe mai muhimmanci, ta tarar jirgin Flåm na lokacin da take so ya cika. Ta canja rana ta sake ginawa daga safiya, wannan karon jirgin ruwan ne ba gurbi. Ba ta biya ko sisi ba tukuna, don haka asarar ta lokaci ce kawai, amma a nan ta lura cewa gaɓoɓin ba daraja ɗaya gare su ba. Jirgin Bergen zuwa Voss yana tashi sau da yawa a yini, in wannan ya wuce wani na zuwa. Jirgin ruwan kuwa mutum 400 yake ɗauka, sau kaɗan a yini. Layin Flåm kuma layi ɗaya ne tal, jirage biyu ba sa wuce juna sai a tashar Berekvam, don haka ba yadda za a ƙara yawansu komai cunkoso.

Ta juya tsarin. Da farko ta duba jerin ranakun zuwan manyan jiragen da hukumar tashar ruwan yankin ke wallafawa, ta ware ranakun tsakiyar mako da babu babban jirgi ko kuwa ƙarami ne. Ta kwatanta su da hasashen yanayi na Yr, wanda hukumar yanayin ƙasar da gidan rediyo da talabijin na NRK ke gudanarwa. A nan akwai matsi ta fuska biyu: wanda ya saya da wuri ya samu kujera amma bai san sararin da zai tarar ba, wanda ya jira hasashe ya nuna kuma kujera ta ƙare. Bergen na samun ruwan sama fiye da milimita 2,000 a shekara, hasashen da ya wuce 'yan kwanaki ba abin jingina ba ne. Ta tsaya a tsakiya, ta saya kwana huɗu kafin tafiya, ta zaɓi Laraba.

Ta sayi tikitin jirgin Flåm na hawa, na yamma, kafin komai. Sannan jirgin ruwan tsakar rana daga Gudvangen, da bas ɗin da zai kai su gare shi. Sannan kujera biyu daga Myrdal zuwa Bergen, don jirgin da ke tasowa daga Oslo kujerarsa a rubuce take kuma yana cika a Yuli. Jirgin safe zuwa Voss shi ne na ƙarshe. Ta duba farashin dunƙulallen tikitin kamfani, ta ga bambancin bai kai yadda ta zata ba, amma ta saya ɗaya-ɗaya don ta tsawaita hutun Flåm yadda take so. Ta san abin da hakan ke nufi: tikitin da aka saya daban-daban, in na farko ya makara, na biyu ba ruwansa.

Ragowar makon kaya aka nema. Rigar ulu da dogon wandon ulu da za su shiga ƙarƙashin kaftani, safa mai kauri, rigar ruwa ta aro, hular sanyi a aljihu, da sandar dogarawa wadda dattijon ya ƙi da farko.

Laraba ta uku a Yuli: gwaji na biyu

Sun bar Bergen bayan ƙarfe takwas, da filas ɗin shayi da abincin gida, don abinci a hanyar nan da tsada, naman kuma sai an yi tambaya. Bas ɗin Gudvangen a ƙofar tashar Voss yake jira, taku kaɗan. Tsoffin labaran da ke intanet har yanzu suna yi wa mutum alƙawarin gangaren Stalheimskleiva mai kwana 13, wanda aka gina a shekarun 1840, amma an rufe shi ga motoci a shekarun baya-bayan nan, bas ta ramin dutse yake bi. Sun isa Gudvangen da saura sama da rabin awa, suka shiga layi da wuri.

Jirgin da suka samu ɗaya ne daga cikin masu aiki da batir, irin Future of the Fjords da ya fara aiki a 2018. An ƙera jikinsa da hanyoyi masu karkata da ke hawa hagu da dama har sama, babu matakala, don haka mai keken guragu ma yana iya zagayawa. Wannan ya yi wa gwiwar daɗi fiye da duk wani shiri da aka yi. Rashin ƙarar inji kuma ya sa ana jin zubar ruwa daga duwatsu tun daga nesa. An yi yayyafi a rabin awan farko. Dattijon ya ja hular rigar ruwan ya ci gaba da tsayuwa a waje.

Nærøyfjord bai kai kilomita 20 ba, amma kusa da ƙauyen Bakka faɗinsa mita 250 ne kacal, duwatsun gefe biyu kuma sun haura mita dubu. A nan ne mutane suka daina magana. Bayan jirgin ya karya kwana ya shiga Aurlandsfjord sai ruwan ya buɗe, aka wuce Undredal, ƙauyen awaki da cukuinsu mai ruwan ƙasa, da ɗan cocin katako mai kujera 40, inda titin mota bai kai ba sai 1988.

Sun sauka Flåm wajen ƙarfe biyu, da awa biyu da rabi a hannu. A tsakiyar Yuli rana ba ta karkata a wannan yanki sai kusan biyu saura kwata, ba ta faɗuwa kuma sai goma da rabi ta wuce. Dattijon ya ce tafiyar ta kai ta ƙasaru, suka sami gefen ciyawa nesa da cunkoso suka haɗa azahar da la'asar, suka ci abinci. Sauran lokacin a ɗan gidan tarihin layin ya ƙare, kusa da tasha, shiga kyauta. An fara aikin layin a farkon shekarun 1920, aka buɗe shi a 1940, aka sa masa lantarki a 1944. Cikin ramuka 20 da ke kansa, 18 da hannu aka haƙa. Ya daɗe a gaban kayan aikin. Shi ne ya tuna mata cewa dogo ya isa Kano a 1911, shekara biyu bayan buɗe layin Bergen, sai dai tsohon layin da ya yi wa aiki faɗinsa milimita 1,067 ne, wannan kuwa 1,435.

Saboda suna nan tun da wuri, suna cikin na farkon shiga tarago, suka zauna taga ta dama, wadda ta fi samun kwarin in ana hawa. Taragon bai cika ba. Mutanen babban jirgi, in ma akwai, sun riga sun koma cikinsa. A mafi yawan layin jirgin na hawa mita ɗaya a kowace mita 18, ba tare da haƙoran tsakiya da ake sa wa wasu jiragen dutse ba, ƙarfe a kan ƙarfe kawai. Akwai kan jirgi a gaba, akwai a baya. Gudunsa bai wuce kilomita 40 a awa in yana hawa, 30 in yana sauka. Dattijon ya lura da abin da yawancin masu ɗaukar hoto ba su kula da shi ba: a wasu wurare ba a yi wa kogin gada ba, an karkatar da shi ne ta cikin dutse ƙarƙashin layin. Can sama kuma jirgin ya shiga rami ya juya gaba ɗaya a cikin dutsen, ya fito bisa inda ya shiga.

A magangarar ruwa ta Kjosfossen jirgi na tsayawa kimanin minti biyar kowa ya sauko. Dandamalin katako ne, a jiƙe, ga turereniya, matakin taragon kuma da tsayi. Dattijon ya tsaya a bakin ƙofa ya kalla daga nan, har da macen da ke fitowa da jar riga tana rawa a gefen ruwan, kwaikwayon wata aljana ta tatsuniyar ƙasar. A Myrdal sun jira ƙasa da rabin awa, a zaune a ɗakin jira. Sun shiga Bergen wajen ƙarfe takwas da rabi, rana tana nan. Yinin ya ci awa goma sha biyu. Gwiwar ta kumbura washegari, ta sauka bayan kwana biyu.

Hukunci

Ban da jirgin ruwa, abin hawa ɗaya ne a ranakun biyu, yanayin ma bai bambanta sosai ba, tunda an yi ruwa a duka. Bambanci na farko shi ne inda aka fara sayen tikiti. A gwajin farko an sayi gaɓar da ba ta ƙarewa, aka bar wadda ke ƙarewa ga sa'a. Sabo da jirgin Voss ne ya ja wannan kuskure, kuma kuskure ne da mazaunin Bergen ya fi baƙo saurin faɗawa, don baƙo tsoro kan sa ya sayi komai tun daga gida.

Na biyu shi ne inda aka ajiye jira. Tafiyar da ta haɗa abin hawa biyar dole a yi jira a wani wuri, abin zaɓi shi ne a ina. A Asabar jiran ya faɗo a Myrdal, inda ba mafita kuma ya fi ko'ina sanyi. A Laraba an kai shi Flåm da gangan, inda akwai wurin zama da banɗaki da bas zuwa Voss in wani abu ya ɓaci. Wannan hutun ne kuma ya sa suka riga kowa shiga tarago, wanda a jirgin da ba lambar kujera shi ne ke raba wanda ya ga kwari da wanda ya ga ƙeyar wani. Juya fuskar zagayen ya sa hawan dutsen ya faɗo da yamma, lokacin da cunkoson safe ya janye.

A ganina sayen tikiti ɗaya-ɗaya bai taka rawa a nasarar ba. Da dunƙulallen ta saya, mai yiwuwa sakamakon ya zo daidai, kuma da ranar Asabar ba ta lalace ba tun farko, domin abin da kamfani ke sayarwa a zahiri shi ne jerin lokutan da aka riga aka tabbatar akwai gurbi a cikinsu. Ita ta yi wannan aikin da kanta a mako guda. Akwai kuma rabon sa'a da bai kamata a ɓoye ba: tazarar Voss da ta Gudvangen ba su da faɗi, da jirgin safe ya makara da rabin awa, da jirgin ruwan ya tafi ya bar su da tikitin da ba wanda zai maido kuɗinsa. Tashi da jirgin da ya riga wannan zai toshe ɓarakar, a farashin barcin awa ɗaya.

Sharaɗin gwiwa ne bai cika ba. Jirgin ruwan da tashoshin sun yi mata sauƙi, amma awa goma sha biyu a hanya sun yi yawa ga mai shekara saba'in, kuma kwana ɗaya a Flåm ko Voss ne kaɗai zai rage wannan, abin da aka cire tun farko saboda kuɗi.

Tsarin na watannin zafi ne. A tsakiyar Disamba hasken rana a wannan yanki bai kai awa shida ba, jiragen kuma sun ragu. Wanda ya kwafi jadawalin Larabar nan a lokacin zai samu jirgin ruwan da haske, amma hawan Flåm na yamma a duhu zai yi shi, don haka sai ya hau dutsen da hantsi ko ya raba tafiyar kwana biyu.